Gwadon Talatu Sake-Shigowa

Ku da kuka san Talatu Baturiya, ku faɗi tsakaninku da Allah: akwai wadda ta taɓa shiga ɗaki tana ciki ta zauna a karon farko? Babu! Za ki yi sallama, ki tuɓe takalmi, ki ɗaga asabari, kina shirin kaiwa tabarma, sai ki ji muryar nan tata mai kaushi: "A'a, a'a! Koma ki sake shigowa, ban gani da kyau ba." Ki koma ki sake shigowa, ita kuwa ta karkata kai tana leƙenki ta saman tabarau kamar mai sayen akuya. In kin yi sa'a ta ce, "Yawwa, zauna." In ba ki yi ba, ki sake komawa. Shi ya sa yaran Kusfa, unguwarmu a birnin Zariya, suka laƙaba mata Sake-Shigowa, har ta bar garin nan ba su san tana da wani suna ba.

Tana da shi mana, harshenmu ne ya kasa hawansa. Ran Talata ta fara taka gidanmu. Inna, surukata, ta gwada sunan sau ɗaya, ta ce 'yan haƙoran da suka rage mata ba na asara ba ne, daga yau sunanta Talatu. Ita kuwa ta amsa da murna, har da tafi.

'Yar ƙasar Norway ce, can inda ta ce ruwa na daskarewa a randa sai an sa gatari. Ƙanenta yana aikin auduga, yana zaune wajen Wusasa, ita kuma ta biyo shi a shekarun nan da aka fara zancen zaɓe da mulkin kai. Malam, maigidana, yana koyarwa a elementare, shi aka samu ya riƙa koya mata Hausa. Ba a daɗe ba ta ce masa Hausar maza ta ishe ta, duk gaisuwa ce da "sai haƙuri", ita so take ta ji yadda mata ke magana in ba namiji a wurin. Haka ya kwaso mana ita. Doguwa, ƙashi zalla, kai fari fat, ta haura sittin, a kan baƙin keken maza. Ni lokacin ina goyon na biyu, ban taɓa ganin Baturiya kusa da kusa ba. Na yi ta kallon kunnenta, ana ganin hasken rana ta cikinsa.

Da muka saba na tambaye ta, "Wai Talatu, mene ne abin kallo a shigowa ɗaki?"

Ta ce, "Binta, kowa ya iya ƙarya da baki. Amma har yau ban ga wanda ya iya ƙarya da shigowa ba. Mai neman aro daban yake ɗaga labule, mai kawo gulma daban."

Tun daga ranar na fara lura, wallahi kuwa da gaskiyarta. Har yanzu in Goggo Rabi dillaliya ta turo kafaɗa kafin kai, na san ba kaya ta kawo ba, labari ne.

Ko mai unguwa bai tsira ba. Ya ji an ce wata Baturiya na zarya a unguwarsa, ya sa babbar riga ya zo zaurenmu bincike. Ni ina leƙe ta ƙofar ciki. Ya yi gyaran murya, ya tattara hannun riga ya aza a kafaɗa, ya shigo da ƙasaita. Talatu ta miƙe tsaye, idonta har ƙyalli yake.

"Ranka ya daɗe, koma ka sake shigowa!"

Malam ya ji kamar ƙasa ta tsage ya shige. Mai unguwa ya dube shi, ya dube ta, ya zaci ko wata sabuwar doka ce ta Turawa da ba a kai ga sanar da shi ba. Ya koma ya sake. Ta ce ya ƙara. Ya ƙara, wannan karon har da 'yar rangwaɗa. Da ya zauna sai ya karkato wajen Malam ya ce a hankali, "Na ƙarshen nan ya fi fita, ko?" Binciken da ba a yi ba ke nan.

Sai daga baya muka gane sana'arta ce ta mayar da ita haka. Marubuciya ce. Ta rubuta littattafan labari, amma abin da aka fi saninta da shi a ƙasarsu wasan kwaikwayo ne. Ta ce akwai gini na musamman, mutane su sa kayan sallarsu su biya kuɗi su zauna cikin duhu, wasu kuma su hau dandamali su yi ta faɗin maganar da ita ta rubuta musu, su yi faɗa, su yi kuka, su mutu, a tafa, su tashi su tafi gida. Na ce ai irin tashe ne. Ta ce e, amma na manya, kuma kowace rana. Inna tana kaɗi a gefe ta ce, "Manya da gemunsu? Ba su da gona ne?"

Ni kam tambaya ba ta ƙare mini. Yaya kika fara? Ta ce 'yar masunci ce, ta gudo birni tana budurwa, aikin da ta fara samu a gidan wasan shi ne zama cikin wani rami a bakin dandamali, kanta kaɗai ke leƙowa, in ɗan wasa ya manta abin da zai ce sai ta raɗa masa. Shekaru tana cikin ramin nan tana kallon ƙafafun mutane na shiga da fita. Rannan ta gaji da raɗa maganar wani, ta ce bari ta rubuta tata. Da ta kai, aka ce mace ba ta iya ba. Ta koma gida ta goge sunanta ta sa na namiji, aka karɓa, aka yi ta yabon "wannan saurayi mai basira" a jarida. Sai da ta yi wasa na uku ta fito ta ce ni ce saurayin, garin ya kusa kamawa da wuta.

Inna ta tsayar da mazari ta ce, "Ashe ku ma kuna kulle. Naku dai a takarda yake."

Talatu ta yi dariya har tabarau ya faɗi, ta ce wannan maganar ta fi duk abin da 'yan jarida suka rubuta a kanta.

Amma akwai abin da ba ya ba ta dariya, kuma duk mun san shi tun makon farko. Tana da 'ya ɗaya tilo a can ƙasarsu, kuma 'yar ta daina yi mata magana. Sunan yarinyar nan ba ya barin bakinta, in ta ga atamfa mai kyau ta kira shi, in ta ɗanɗana fura ta kira shi. Ni ba zan faɗa muku sunan ba, an faɗe shi ya isa. Duk ran da aka ce wasiƙu sun iso, sai ta biya gidan waya kafin ta shigo birni, abin da take tararwa kuwa nata wasiƙun ne da ta aika, sun dawo ko buɗe su ba a yi ba. Ranar ba ta ce wa kowa ya sake shigowa. Sai ta zauna a gefe, gwiwoyinta a tsaye. Tausayinta yakan kama ni sosai, amma ban taɓa samun bakin tambayar dalili ba.

Ga tsimi! Ban taɓa ganin Bature mai maƙo irin Talatu ba. Ganyen shayi sai ta dafa ta shanya ta sake dafawa, har ya koma ruwan zafi mai tunanin shayi. Igiya in ta tsinta a hanya sai ta naɗe ta sa aljihu. Ta ce yaƙin Jamus ne ya koya mata, lokacin da aka mamaye ƙasarsu aka rasa komai. Wata rana ta shigo tana haki, rungume da wani abu dogo, busasshe, mai launin toka, ta ajiye a tsakar gida ta shiga gaida Malam. Kafin ta fito akuyar maƙwabta ta faɗo kan tsakin da muka shanya. Inna ta rarumi abin ta bi akuya da shi, ta sauke mata a gadon baya, ƙwal!

Talatu ta fito da gudu. "Inna! Kifi ne! Kifin garinmu ne!"

Wai a kasuwar Sabon Gari ta jiyo warinsa tun daga nesa, wajen 'yan kudu, ta bi hanci har ta same shi. Daga ƙasarsu ake kawo shi, watakila ma danginta ne suka kama. Inna ta jujjuya shi, ta ƙwanƙwasa a turmi, ta ce, "In wannan kifi ne, to taɓaryata ma a bincika."

Mun daka shi, taɓarya na tsalle. Muka jiƙa shi kwana da kwanaki. Wari ya cika unguwa, har Goggo Rabi ta turo a tambaya ko ɓera ne ya mutu mana a rumbu. Da ya dahu Talatu ta zauna ta cinye abinta ita kaɗai, hawaye na zuba a kwano. Fatar kuwa ta wanke ta shanya, ta ce ba a zubarwa, a lokacin yaƙi da fatar kifi suka yi takalma, da irinsu ta je kallon wasanta ranar da aka fara nuna shi. Inna ta ce, "Kyanwoyin garin ba su raka ki ba?" Ta ce, "Biyu, har ƙofa."

To, ga babbar ɓarnar da ta yi mana. Mai kallon shigowar mutane ai dole ta ga abin da ke gabanta. Ta lura duk sanda Malam ya shigo tsakar gida, Inna sai ta kau da kai ta shiga gyaran abin da bai lalace ba. Ya durƙusa daga nesa ya gaishe ta, ta amsa wa bango. Ba ta kallonsa, ba ta kiran sunansa, in zancensa ya kama sai ta ce "wancan" ko "mutumin nan naki". Ƙannensa kuwa in sun zo har tsokanarsu take. Mu ba wanda ya taɓa tunanin a yi mata bayani, don wa zai yi bayanin abin da kowa ya sani? Malam ɗan fari ne. Shi ke nan.

Talatu ta ja ni bayan ɗaki, fuskarta a murtuke. "Binta, tun yaushe?"

Na ce, "Tun yaushe me?"

"Tun yaushe Inna ba ta yi wa ɗanta magana?"

Na ce, "Ai tun da ta haife shi."

Ta dafe ƙirji. Ni kuma aka kira ni yaro na kuka, na tafi na bar ta da wannan. Ashe ta kwana tana saƙa da mugun zare, ta gama yanke cewa a gidanmu akwai gaba ta shekara arba'in, kuma Allah ya kawo ta daga ƙarshen duniya don ta raba.

Ran Juma'a bayan an sauko, ta zo da shirinta. Ta ɗebi toka ta ja layi biyu a tsakar gida, ta sa kujera 'yar tsugune a kan ɗaya, ta lallaɓo Inna ta zaunar, wai zaman ɗaukar hoto za ta koya mata. Ta aika aka kira Malam, ta tsayar da shi a ɗaya layin, gab da gab, har rigarsa na taɓa zanen Inna. Sannan ta koma gefe ta tsuguna, kamar tana cikin raminta na da, ta fara raɗa da ƙarfi:

"Inna, dube shi. Ki ce, ɗana..." sai ta kira sunan Malam, tsirara haka, ba Malam ba komai. "Ki ce, na yafe maka. Kai kuma ka ce, uwata, ka rungume ta."

Innalillahi! Inna ta ja mayafi ta rufe kai ruf, ta juya tana salati. Ni na tusa bakin zane a baki. Malam, mutumin da in ya yi tari yaran aji ke daina numfashi, ya yi waje da gudu, takalmi ɗaya a ƙafa, ɗayan a kan layin toka. Talatu ta miƙe ta bi shi da kira har zaure:

"Ba haka ba ne! Koma ka sake shigowa!"

Bai sake shigowa ba sai bayan magariba, ta ƙofar baya.

Ni aka bar wa bayani. Na ce mata kunya ce, ba gaba ba. Uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, ba ta sakewa da shi gaban mutane. Ta ce me ya sa? Na buɗe baki, na ga ni ma ban taɓa tambaya ba, ga shi kuwa nawa na farin yana wajen yayata, in ya zo ni ma bango nake amsa wa. Na ce ban sani ba, haka muka taras. Ta ce to yaya zai san tana sonsa? Nan kam ina da amsa. Na ce, "Kunun da nake kai masa kullum da safe, kin ga na taɓa dama shi? In an yanka kaza, wa ke tsame cinya ta rufe a ƙwarya ta ce in kai, kar in ce ita ce? Farar rigar nan tasa ta Juma'a, zaren wa ne?"

"Ya sani?"

"Tun yana yaro ya sani."

Ta daɗe tana kallon takalmin da ke kan toka.

Inna ta yi kwanaki ba ta amsa gaisuwarta. Talatu kuwa taurin kai gare ta, kullum sai ta zo ta zauna a ƙofar ɗakin. Rannan Inna, ba tare da ta ɗago daga kaɗinta ba, ta ce, "Ke da kike gyaran gidan mutane, me kika yi wa taki?"

Nan ta faɗa mana. Auren 'yar ne ya mutu, mutuwa mai muni, ta dawo gida ta zauna ta zayyane wa uwar komai tana kuka. Uwar ta rarrashe ta, sannan ta shiga ɗaki ta rubuta. Duk abin da yarinyar ta faɗa, yadda ta faɗa, har yadda ta shigo ɗakin ran nan, ta mayar da shi wasa. Ko sunan ba ta canza ba, wai ta gwada wasu sunayen ba su zauna ba. Wasan ya yi farin jini fiye da duk abin da ta taɓa rubutawa, aka juya shi zuwa wasu harsuna, aka ba ta lambar yabo. 'Yar ta je kallo sau ɗaya, ta tashi a tsakiya ta fita, fitar da ba ta sake shigowa ba ke nan.

Inna ta ajiye mazari. "'Yar farin taki? Kika sa aka kira sunanta gaban gari?"

"Kowace rana, Inna. Shekara biyu."

"Ana biya a ji?"

"Ana biya."

Inna ta yi salati ta sanar da Ubangiji. Ni ma, gaskiya, ranar haushinta na ji, don in ni ce yarinyar ko gawarta ba zan je gani ba. Talatu ta ce ta rubuta mata wasiƙa ta fi a ƙirga tana bayani. Inna ta ce, "Baki ne ya yi ɓarna, kuma bakin kike ta aika mata? Rufe shi. Ba kin ce garinku sanyi ba? Zo nan."

Ta miƙa mata mazari da alli da auduga. Gwado za a yi wa yarinya, kuma da zaren uwarta.

Jama'a, kun ga kaɗin Talatu? Matar da ta rubuta littattafai, mazari ya gagare ta. Ta murza ya tashi sama ya faɗa miya. Ta murza ya tsinke. In ya yi zare, nan siriri kamar gashi, can ƙulli kamar gujiya. Alli har gira. Inna na gefe tana cewa, "Sassauta hannu, ba wuyan kaza ba ne." Ta ce a taimaka mata, Inna ta ce ko kusa. Tun kakar auduga take abu ɗaya har damina ta sauka, ta daina hawan dutsen Kufena da take yi ran Lahadi, wai a garinsu hawan dutse hutu ne, ta daina buga keken rubutunta. Da Malam ya kai wa masaƙi, mutumin ya ɗaga zaren ya ce, "Malam, saƙa za a yi ko taliya za a dafa?" Abin da ta kaɗa duka layi biyu ya bayar. Sai a nan Inna ta yarda muka cika sauran da namu, amma ta ce a sa na Talatu a tsakiya inda ba ya ɓuya. Gwado ya fito sumul gefe da gefe, tsakiyarsa kuwa gargada kamar hanyar shanu.

Ranar ɗauri aka yi yaƙi. Inna na ninke gwado ta ji abu na ƙara a ciki, ta zaro takardu cunkus.

"Mene ne wannan?"

"Ɗan bayani ne kawai, Inna."

Inna ta miƙa mini ta ce in ba ta abinta in za ta tafi gida. Talatu ta ce to shafi ɗaya. A'a. Layi ɗaya. A'a. To ko sunana in sa a ciki, yaya za ta san ni ce?

Inna ta shafa layukan nan biyu na tsakiya ta ce, "Duk duniya akwai mai wannan ɓarnar in ba ke ba?"

Da kanta ta ɗinke bakin ƙunshin da basilla, don ta ce ba ta yarda da Baturiyar nan ba. Adireshi kawai aka bari ta rubuta a baya, shi ma Malam na tsaye a kanta.

Sai jira. Kaka ta zo ta wuce, sanyi ya zo ya wuce. Ƙunshin bai dawo ba, amsa kuma ba ta zo ba. Talatu ta rame, kekenta ma a hankali yake tafiya. Abin da na lura kuma, ta daina kiran sunan. Sai dai ta ce "waccan ta wajena". Ban san ko da gangan ba ne ko zama da Inna ne.

Ana tsakiyar bazara, irin zafin da kaza ke buɗe baki, ta faɗo gidan ba sallama, keke ya kife a zaure. A hannunta ɗan ƙunshi. Ta zazzage a tabarmar Inna, safa ce ta ulu, ƙafa biyu, mai launin toka, kauri kamar buhu, saƙar hannu. Ta kakkaɓe takardar naɗin, ta zura hannu cikin kowace safa ta juye ta, ta leƙa. Ba komai. Sai ta fashe da kuka irin na yara.

"Ba ta ce komai ba, Inna! Ko kalma ɗaya!"

Inna ta ce, "Miƙo ƙafar."

Kun dai san ƙafar Talatu, doguwa kamar ta namiji, ga wani ƙashi da ya turo a gefen babban yatsan dama, wanda ya sa kowane takalminta sai an tsaga. Inna ta zura mata safar. Ta zauna cif, dunduniya a dunduniya. A ta dama kuwa, daidai wurin ƙashin nan, an ƙara saƙa an yi masa ɗaki.

Inna ta ɗora yatsa a wurin ta ce, "Wadda ta manta da ke ce ta tuna wannan?"

Ni na fara kuka kafin ita ta gane.

Daga ranar ba ta sake tuɓe safar nan ba. Cikin bazarar Zariya! Ƙurajen zafi suka feso mata har gwiwa, likita ya yi faɗa, ƙanenta ya yi faɗa, yara suna bin keke suna nuna ƙafa. In ta wanke sai ta zauna a gindin igiya tana gadi har ta bushe, wai kar akuyar nan ta rama dukan kifi. Na ce, "Talatu, za ki dahu." Ta ce, "Bari in dahu."

Kafin damina ta ƙare ta haɗa kayanta. Ta sha gaya mana cewa a wasa mai kyau ba a jan ban kwana, a faɗi kalma ɗaya a fita. Haka ta so yi mana. Ta tsaya a tsakar gida ta ce, "To, na gode," ta juya da sauri ta nufi zaure. Sai ga muryar Inna daga ɗaki, Innar da ba ta taɓa kwaikwayon kowa ba:

"Talatu! Koma ki sake shigowa, ban gani da kyau ba."

Ta dawo. Ta tuɓe takalmi, ta ɗaga asabari, ta shiga da safarta, ta zauna kusa da Inna. Suna nan tare har aka kira la'asar.

Sauran labarin ƙanenta ne ya kawo wa Malam makon jiya, tare da labarin rasuwar. Ya ce da jirgin ruwa ya tsaya, 'yar na bakin gaɓa. Ba su yi maganar wasan ba, ranar ko bayanta. Talatu ta ƙara rubuta wasa ɗaya, na ƙarshe, wanda a cikinsa uwa ba ta ce wa 'yarta uffan tun daga farko har ƙarshe, sai aike take ta hannun wata. 'Yan jarida rabi suka ce tsufa ya taɓa ta, rabi suka ce ba ta taɓa yin kamarsa ba. Ba sunan kowa a ciki. 'Yar ta zauna har aka tashi. A gidan 'yar ta yi jinya, a nan ta cika, lulluɓe da gwadon nan mai gargada a tsakiya.

Inna ba ta ji wannan ba, ta riga ta tafiya bara. Allah ya jiƙan Inna, ya haskaka kabarinta, ya sa Aljanna ce makomarta. Talatu kuwa, na tambayi Malam me zan ce, tunda ba addininmu ɗaya ba. Ya ce wanda ya halicce ta ya fi mu saninta. To, ya Allah, ga baiwarka nan ta zo inda ba a cewa a sake shigowa. Ka ga ɓarnarta, ka kuma ga zaren da ta kaɗa da hannunta. Mun bar maka ita. Waccan ta wajenta kuma, da ta rage ita kaɗai a garin sanyi, Allah ka ba ta haƙuri, ka sa gwadon ya ɗumama ta. Amin.